Yadda malamin wasanni zai sa ɗalibai su riƙa ɗokin fita fili

Malamai 'yan'uwana, na firamare da na ƙaramar sakandare, sun daɗe suna yi mini tambaya ɗaya: "Malam, yaran nan ba sa so. Da an fita fili, maza goma sha biyar za su ɗauke ƙwallo, sauran su watse gindin darbejiya, matan kuwa su haɗa kai suna hira har a kaɗa ƙararrawa. Yaya ake yi?" Na ga gara in zauna in rubuta amsar gaba ɗaya, yadda nake yi a filina daga ranar farko ta zango har ranar intahaus, wato gasar wasanni tsakanin gidajen ɗalibai na makaranta.

Riƙe wannan kafin mu fara: yaro ba ya ƙin wasa. Wanda ya ce maka ƙafarsa na ciwo da ƙarfe goma na safe, shi za ka gani bayan la'asar yana tsere a layinsu ba ko takalmi. Abin da yake gudu a filin makaranta shi ne dariyar 'yan aji, da tsayuwa a rana yana jiran layin da ba ya zuwa kansa, da malamin da ya mayar da gudu hukunci. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce yaro daga shekara 5 zuwa 17 yana buƙatar motsa jiki na minti 60 a kullum, sai ga binciken da ta fitar a 2019 ya nuna kashi 81 cikin ɗari na 'yan shekara 11 zuwa 17 a duniya ba sa samun haka, mata kashi 85, maza kashi 78. Na gindin darbejiyar nan su ne ɗalibanka na gaskiya. Goma sha biyar ɗin da suka ɗauke ƙwallo, ko babu kai za su yi wasansu.

Zan riƙa cewa "kai" don sauƙin rubutu, amma malama, da ke ma nake.

1. San yaranka kafin ka busa usur

Darasin farko a cikin aji ake yin sa. Nemi littafi mai bango mai ƙarfi, ka ware wa kowane aji shafuka huɗu. A gaban sunan kowane yaro ka bar gurbin shekarunsa, da lafiyarsa, da wasan da yake yi a gida.

Maganar lafiya ba a yin ta a bainar aji. Raba musu ƙananan takardu, kowa ya rubuta ko yana da sikila, asma, farfaɗiya, ciwon zuciya ko tsohuwar karaya, ya naɗe ya miƙo maka a hannu. Ƙanana kuwa sai ka aika wa iyaye. Wasu gidajen suna ɓoye irin wannan, don haka ka ƙara da tambayar malamin aji, shi ya san wanda ke yawan fashi da dalilinsa.

A wajen wasa, kada ka ce "wane wasa kake so?" Kowa ƙwallo zai ce maka. Ce "wane wasa kake yi a unguwa?" Nan za ka ji langa, kokawa, tura gare, tsallen igiya, 'yar gala-gala, gaɗa, ninƙaya a kogi. Da wannan amsar za ka gina darussan wata guda na farko, domin yaro ya fi saurin shiga abin da ya riga ya iya.

Gargaɗi: mai sikila ba a zaunar da shi kwata-kwata, zaman ma cutarwa ce ga zuciyarsa. Amma ba ya gudun dogon zango, ba ya wasa cikin tsananin zafi ko sanyi, yana shan ruwa tun kafin ƙishi, kuma da ya ce ya gaji magana ta ƙare. Ka nemi iyayensa su tambayo likitansa abin da zai iya. Mai asma kuma abin shaƙarsa ya kasance a aljihunsa a fili, kada ya bar shi cikin jaka a aji.

2. Share fili, ka shata shi

Yawancin yaranmu ba takalmi suke gudu, ko da silifas. Ƙaya ɗaya a tafin ƙafa ta isa ta raba yaro da fili har ƙarshen zango. Jera aji kafaɗa da kafaɗa daga wannan gefe, su taka a hankali zuwa wancan, suna tsince ƙusa, fasasshiyar kwalba da gwangwani. Tsidau da ƙarangiya da fartanya ake tuge su tun daga saiwa, a ƙarshen damina kafin su bushe su zubar da 'ya'ya. Ramuka a cike da ƙasa a daddale.

Shata layi ba ya buƙatar fenti. Toka daga gidan burodi ko wajen mai ƙosai ta isa aikin yau da kullum, farar ƙasa ka ajiye ta sai ranar gasa. Don kusurwa ta fita daidai, yanki igiya mita 12, ka yi ƙulli a mita 3 da mita 7, ka haɗa bakinta biyu. Yara uku su riƙe ƙullin nan uku su ja har ta miƙe. Kusurwar da ke kan ƙullin mita 3 ita ce daidai, kamar ta kwanar ɗaki.

Cikakken zagayen tsere mita 400 ne, kuma makarantu kaɗan ke da wannan filin. Yi rabinsa. Kafa turaku biyu, mita 50 tsakaninsu. Ɗaura igiya mita 16 a kowane turke ka zana rabin da'ira ta waje, sannan ka haɗa su da miƙaƙƙun layuka biyu. Ka sami zagaye na kusan mita 200. A cikinsa ka fitar da ƙananan filaye uku ko huɗu, kowanne kamar mita 20 da 15. In akwai raga, filin ƙwallon raga mita 18 ne da 9.

Yaran su yi awon da hannunsu. Filin da suka shata da kansu ba sa barin a zuba masa shara.

Gargaɗi: ƙarfen gola da ba a kafe shi a ƙasa ba yana faɗowa kan yaro in aka yi lilo a jikinsa. Ko a kafe shi da siminti, ko a kwantar da shi. Kuma kada a shata layi da baƙin mai na inji, yana ɓata ƙasa da fata da tufafi.

3. Kayan aiki da kuɗinsu

Abin da dole a saya kaɗan ne: usur, tef ɗin awo irin na magina mai mita 30 ko 50, famfon keke da allurar ƙwallo, ƙwallaye, igiya, sai akwatin taimakon gaggawa mai bandeji, auduga, filasta, maganin wanke ciwo, almakashi da safar hannu. Agogon awon gudu yana cikin wayarka.

Sauran duk kyauta ne. Robobin lemo da aka zuba wa yashi rabi su ne alamomin fili. Tsofaffin tayoyi suna jibge wajen mai faci, murna zai yi in ka kwashe. Ragowar bututun roba na masu gyaran famfo, a yanka santimita 30, ya zama sandar gudun miƙa sanda. Ƙyallayen da tela ke zubarwa su ake ɗaurawa a dantse don a bambanta ƙungiya. Buhun da aka juye ya ishi tseren buhu.

Babban kuskuren da nake gani shi ne a kwashe kuɗin shekara a sayi ƙwallon fata guda da riguna goma sha ɗaya na ƙungiyar makaranta. An yi wa yara goma sha ɗaya hidima ke nan, an bar ɗari biyar. Kuɗin ƙwallon fata ɗaya mai kyau zai sayi na roba da dama, kuma na roba shida sun fi maka amfani nesa ba kusa ba. Lamba 4 ga 'yan firamare, lamba 5 ga manya. Duk abin da aka ba ka, ni haka nake raba shi: rabi ga ƙwallaye da igiyoyi, kashi ɗaya cikin huɗu ga magani da jarkokin ruwa, ragowar a ajiye, domin ƙwallo sai ta fashe kafin hutu.

Kada ka shiga ofishin hedimasta ko firinsifal hannu rabbana kana cewa "babu kaya". Je da takarda mai jerin kaya da farashin shaguna biyu, ka ce: "Ranka ya daɗe, ga abin da na haɗa da kaina ba ko sisi, ga kuma guda shida da suka gagare ni." Shugaban da ya ga tayoyi da robobi jere a fili ya fi saurin sa hannu.

Gargaɗi: kada ka karɓi kuɗi daga hannun ɗalibai da kanka, ko da don alheri ne. A bi ta ofis ko ta ƙungiyar iyaye da malamai. Kada kuma ka mayar da kambas ko rigar wasa sharaɗin shiga fili. Wanda gidansu ba su da hali ba zai faɗa maka ba, fashi kawai zai riƙa yi ranar darasinka.

4. Raba aji da kanka

Kada ka taɓa fito da kyaftin biyu ka ce su zaɓi 'yan wasa. Na yi wannan a shekarata ta farko, kuma har yau ina jin nauyinsa. Aka yi ta zaɓe har saura yaro ɗaya, mai jiki, tsaye shi kaɗai yana murza gefen rigarsa. Kyaftin ɗaya ya ce wa ɗaya, "Mun bar muku shi kyauta." Aji ya fashe da dariya. Daga ranar, duk Laraba cikinsa ke ciwo. Ni na jawo masa, ba yaran ba.

Ga yadda nake yi yanzu. A gida, da littafina a gaba, nake raba aji ƙungiya takwas, kowace da mai gudu da marar gudu, da dogo da gajere. In karanta sunaye a aji, shi ke nan. Su zaɓi sunan ƙungiyarsu da kansu, su zauna tare mako shida kafin a sake lale. A kowace ƙungiya akwai shugaba, mai kaya, mai ƙirge da mai ruwa, kuma muƙaman suna zagayawa duk mako, har marar magana ya ɗana shugabanci.

Fitinannen aji, wanda kowane malami ke kuka da shi, ba shi ƙirgen kaya. Shi zai fitar da ƙwallo shida, shi zai mayar da shida. Sau da yawa abin da yake nema ke nan, a san da shi.

5. Tsara minti arba'in ɗinka

Yi wannan lissafin. Yara 80, ƙwallo ɗaya, minti 40. In ka jera su kowa ya buga, rabon kowane yaro daƙiƙa 30 ne, sauran minti talatin da tara da rabi yana tsaye a rana. Wa zai yi ɗokin wannan?

Maganinsa tashoshi. Ka shirya fili tun kafin a kaɗa ƙararrawa, kai da masu kaya. Minti biyar na farko ɗumama jiki: sassarfa, juya kafaɗa da ƙugu, tsalle-tsalle, kowa a lokaci ɗaya. Minti biyar na nuna abu ɗaya tak na ranar, misali yadda ake karɓar sanda ba tare da an waiwaya ba. Minti ashirin da huɗu a tashoshi huɗu, ƙungiya biyu a kowace, minti shida-shida: langa a nan, tsallen igiya a can, ƙwallon 'yan biyar-biyar a na uku, miƙa sanda a na huɗu. Minti shida na ƙarshe ruwa, sauke numfashi, da tattara kaya.

Ina sa langa a kusan kowane darasi na watan farko. Ba ta cin ko kwabo, tana gina ƙafa da daidaiton jiki, kuma tana juya aji. Yaron ƙauye da ba ya taɓa ƙwallo sai ka ga shi ake so ya zama ruwa, 'yan'uwansa na kare shi har ya kai gida ya sha. Ka gaya musu langa da kokawa da dambe suna cikin wasannin da ake fafatawa a bikin wasanni na ƙasa da Najeriya ta fara a Legas a 1973, kuma a Nijar takobin kokawa ne ke tsayar da ƙasa gaba ɗaya. Wasan gida ba na raini ba ne.

A tashar ƙwallo ka sauya doka don gwanaye kada su cinye wasan: ci ba ya shiga lissafi sai an miƙa wa mutum uku, ko wanda ya ci ɗaya ba zai sake ci ba sai wani ya ci. Za su yi gunaguni mako ɗaya, daga nan su fara koya wa na kusa da su.

Bayaninka kada ya wuce minti ɗaya. Nuna da jikinka, ko ka sa yaro ya nuna. Tsaya kai kana fuskantar rana, su suna ba ta baya. Usur ɗaya a tsaya cik, biyu a sauya tasha. Kuma ka tsayar da wasa tun suna cewa "Malam, ƙara mana kaɗan." Wannan roƙon shi zai dawo da su mako mai zuwa.

Gargaɗi: daga Maris zuwa Mayu zafi yana haura digiri 40 a garuruwa irin su Sakkwato da Maiduguri. Roƙi mai tsara jadawali ya sa darasinka a awa biyu na farko. Jarkar ruwa a inuwa, kuma ba a hana yaro sha. In yaro ya ce jiri yake ji, ko kansa na sarawa, ko yana jin amai, kai shi inuwa, a sassauta masa riga, a jiƙa jikinsa, a ba shi ruwa kaɗan-kaɗan. In ya fara sambatu ko ya suma, a ci gaba da jiƙa shi a garzaya asibiti, kuma ba a ɗura wa sumamme ruwa a baki. Ranar da ƙurar hunturu ta yi kauri, masu asma su yi alƙalanci. Da azumi kuwa a koma abubuwa marasa wahala, kamar jifan alama, miƙe gaɓoɓi da koyon dokokin wasa.

6. Littafin awo: kowa ya yi tsere da kansa

In ka ɗauki mataki ɗaya kaɗai daga wannan jagora, wannan ne.

Tseren da aka saba yana da gwani ɗaya, sauran duk sun sha kaye. Yaron da ya san shi ne na ƙarshe tun kafin a busa usur ba shi da dalilin gudu. Sai ka sauya masa abokin hamayya: daga yau da kansa na jiya yake karawa.

A mako na uku ka auna abu huɗu. Gudun mita 50, da agogon waya. Tsalle daga tsaye, ƙafa biyu haɗe, a auna da tef daga layi zuwa dunduniyar da ta fi kusa. Yawan tsallen igiya a minti ɗaya. Yawan zagayen fili a minti shida, da gudu ko da tafiya, yadda mutum ya iya. Ba a rana ɗaya ba: biyu wannan mako, biyu mako mai zuwa. Masu ƙirge na ƙungiyoyi su taya ka, su ma lissafi suke koya. Su riƙa gudu bibbiyu, masu ƙarfi kusan ɗaya, don kada tazara ta ba wani kunya.

Rubuta sakamakon a littafinka, kowane yaro kuma ya kwafi nasa a bangon baya na littafinsa. Kada ka karanta a aji, kada ka jera na ɗaya zuwa na ƙarshe. Ce musu kawai: "Wannan lambar taka ce. Bayan mako shida za mu ga ko za ka kayar da ita."

Bayan mako shida a sake awo, a wuri ɗaya, a lokaci ɗaya na safiya, da tef ɗaya. Yanzu ne za ka karanta sunaye, amma na waɗanda suka fi ci gaba. Yaron nan mai jiki da na ba ka labari, a zango na biyu ya ƙara kusan taƙi guda a tsallensa. Har lokacin yana cikin na baya a aji, amma babu wanda ya kai shi ƙari. Da na kira sunansa a taron safe, sai ya waiga bayansa yana neman wani mai irin sunan. Mako biyu bayan haka na hango shi lokacin tara, ya ja layi da ƙafa a bayan aji, yana tsalle shi kaɗai yana sa tsinke a inda ya dira.

Akwai wani abu da nake yi ranar awon tsalle. Ina miƙa tef a ƙasa har mita 7 da santimita 12, in sa roba a kowane baki, in ce su taka su ƙirga. Sannan in ce: "Nan zuwa can Chioma Ajunwa ta tsallake a Atlanta a 1996, ta ciyo wa Najeriya zinare a gasar Olamfik." Shiru suke yi, musamman matan. Haka daƙiƙa 12.12 da Tobi Amusan ta yi a mita 100 na tsallake shinge a 2022, ta kafa tarihin duniya: kunna agogo su ji gajartar lokacin da kunnensu. Maza ka ba su labarin Ahmed Musa, ɗan Jos da ya buga wa Kano Pillars kafin ya ci Ajantina biyu a gasar kofin duniya ta 2014, ya ci Aisilan biyu a 2018. A Nijar akwai Abdoul Razak Issoufou Alfaga da azurfarsa ta tekwando a gasar Olamfik ta Riyo a 2016. Minti biyu ya isa, kada labari ya cinye wasa.

Gargaɗi: kada ka auna nauyin yara a gaban juna, kada ka yi maganar ƙiba ko rama. Kada kuma ka ƙara wa yaro lamba don ka faranta masa. Suna ganewa, kuma daga ranar littafin ya mutu.

7. Bakinka da hukuncinka

"Da kyau" ba ta koya wa kowa komai. Kira sunan yaro ka faɗi abin da ya yi: "Na ga yadda ka lanƙwasa gwiwa kafin ka tashi, shi ya kai ka nesa." Gyara kuma guda ɗaya a lokaci ɗaya, a kusa da shi, da murya ƙasa. Kafin ka tashi darasi ka tabbata ka kira sunan yara biyar da ba ka kira ba makon jiya. Ina sa ɗigo a gaban suna a littafi don in san wanda na manta.

Doka ɗaya ce ba na sassauci a kanta: ba a yi wa wanda ya faɗi ko ya kuskure dariya. Wanda ya yi, ya fita minti biyu ya dawo.

Sai maganar tsallen kwaɗo da kamun kunne da "zagaya fili sau goma". Malamin da ya hukunta makararre da gudu ya koya masa cewa gudu azaba ne, sannan gobe ya zo yana mamakin me ya sa ba ya son fili. Tsallen kwaɗo mai yawa yana kuma wahalar da gwiwar yaro mai tasowa. Kai ka daina, sannan ka roƙi abokan aiki a ɗakin malamai, cikin girmamawa, kada a riƙa turo maka masu laifi fili. Kuma kada a hana aji darasinka don sun yi surutu a darasin lissafi.

8. 'Yan mata da iyayensu

Yarinyar da ta ce ba ta so, sau tari tana nufin ba ta so a kalle ta. Nemi lokaci ko ɓangaren fili na mata su kaɗai, inda ba a hango su daga titi ko tagogin ajin maza. In kai namiji ne, sai da malama a tare da kai, ko da ba ta wasanni ba ce. Gyaran tsayuwa ko riƙon ƙwallo da baki ake yi, ko malama ta nuna. Hannunka ba ya taɓa ɗaliba.

Sutura: dogon wando mai faɗi a ƙarƙashin riga, da ƙaramin hijabi da ba ya jan ƙasa, a cusa bakinsa cikin riga, ba allura ba fil. Tun 2014 dokar ƙwallon ƙafa ta duniya ta amince da rufe kai a fili, ƙwallon kwando ta bi sahu a 2017. Fara da abin da suka sani, gaɗa da tsallen igiya da 'yar gala-gala, daga nan a shiga ƙwallon hannu da ta raga. In yarinya ta ce yau ba ta jin daɗi, kada ka tsananta tambaya. Ba ta alƙalamin ƙirge, malama ta ji sauran.

Iyaye kuma kada ka jira sai sun kawo ƙara. Nemi minti biyar a taron iyaye da malamai. Wani uba ya taɓa tare ni a bakin ƙofa ya ce, "Malam, ni karatu na kawo ta, ba tsalle-tsalle ba." Na ce, "Gaskiyarka, Alhaji. Don Allah ka zo ranar Talata ka ga wurin da idonka, in bai yi maka ba ni da kaina zan cire ta." Ya zo, ya ga katanga, ya ga malama, ya ga suturar. Bai ce komai ba, amma bai hana ta ba. Ga mai neman hujja ta addini, hadisi ya tabbata cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya yi tsere da Nana A'isha, Allah ya ƙara mata yarda, kuma ya ce mumini mai ƙarfi ya fi alheri da soyuwa ga Allah a kan mumini mai rauni, kuma a cikin kowannensu akwai alheri. Ya fi kyau wannan ya fito daga bakin malamin addini na makarantar, don haka ka same shi tun da wuri.

9. Intahaus da kowa ke da rabo a ciki

Sa ranar a lokacin sanyi, kafin zafin Maris, kuma ka duba kada ta faɗa cikin azumi. Fara shiri mako shida kafin ranar, a cikin darussanka na kullum, don kada a riƙa fitar da yara daga aji.

Tsarin maki shi ke yanke wa za a yi wa horo a gidaje. In na ɗaya zuwa na uku kaɗai ke samun maki, malamin gida zai riƙe yara biyar ya sa su a komai. Sa doka: ɗalibi ba ya shiga fiye da wasa biyu ban da miƙa sanda. Na ɗaya maki 5, na biyu 4, na uku 3, duk wanda ya ƙarasa maki 1. Ƙara maki 10 ga gidan da ya fi yawan masu shiga, da wasu 10 ga gidan da 'ya'yansa suka fi ci gaba a littafin awo. Ranar da aka sanar da wannan, malaman gidaje da kansu za su je gindin darbejiya neman 'yan wasa.

Cika jadawali da wasannin da ke cin mutane da yawa: jan igiya, langa, tseren buhu, miƙa sanda na mutum goma. Masu sikila da sauran waɗanda ba za su yi gudu ba su riƙe tef da allon maki da sanarwa, kuma a kira sunayensu tare da na kowa. Kyauta ba sai kofi ba. Littafin rubutu, biro, sabulu, da takardar yabo mai sa hannun shugaban makaranta sun isa. Kuɗin rumfa da kujerun manyan baƙi kada ya fi na ruwan sha da maganin yara.

Gargaɗi: a ranar, malami ɗaya ba shi da wani aiki sai akwatin magani, kuma a tanadi abin hawa da lambar asibiti mafi kusa. Targaɗe ba a murza shi, ba a ja. A hutar da ƙafar, a sa ƙanƙara cikin tsumma kamar minti 15, a naɗe da bandeji ba da ƙarfi ba, a ɗaga ta sama. In yaro ya kasa taka ƙafar, ko gaɓar ta karkace, asibiti za a kai shi a sanar da iyaye nan take. Wanda ya bugu a ka kuwa ya gama wasa a ranar, ko da ya rantse lafiyarsa ƙalau.

Ranar Litinin da ta biyo baya, ka ƙirga kaya da fitinannenka, ka wanke ƙyallaye, ka buɗe littafi ka ja layi a ƙarƙashin sunan duk wanda bai shiga komai ba. Da su za ka fara raba ƙungiyoyin zango mai zuwa.